Kukan Ƙurungu da Waƙar Teku

[Kiɗan buɗe shiri]

Gaisuwa ta musamman ga masunta da manoman rani na Talata Mafara da Bakura da Maradun, da duk wanda shirin nan ya riska yana ɗinkin koma, ko yana zaune a bakin gona yana jiran a sako ruwa. Yau a filinmu na faɗakarwa za mu leƙa ƙarƙashin ruwa ne, kuma kunne ne zai yi mana jagora.

Bari mu fara da ƙurungu, tunda kowa ya san shi. Duk wanda ya taɓa ciro ƙurungu daga koma ya san shi da abu biyu, ƙaya da kuka. Kana riƙe da shi za ka ji yana wani ƙiƙi-ƙiƙi, har yara su ce roƙo yake a sake shi. To ba da baki yake yi ba. Ƙayar nan mai tauri da ke gefen ƙirjinsa, gindinta a cikin wani gurbi na ƙashi yake zaune, kuma gindin yana da tsage-tsage. Idan ya buɗe ƙayar ya rufe, tsage-tsagen su gogi bangon gurbin, sai ƙarar ta fito. Abin da kake ji a hannunka, haka yake yi a cikin ruwa idan faɗa ya haɗa shi da ɗan uwansa, ko babban kifi ya cafke shi.

Ba shi kaɗai ba ne. Namijin karfasa, idan ya share gurbinsa a ƙasan ruwa yana jiran mace, yana da wani gajeren gurnani da yake korar kishiyoyi da shi, kuma masu bincike sun naɗe shi. Wasu kifayen kuma da jakar iska suke magana. Jakar nan fara da mata ke cirowa idan suna gyaran kifi, a wasu nau'o'in akwai tsoka manne da ita, idan tsokar ta motsa da sauri sai jakar ta yi amo. A lissafin masana, nau'in kifin da aka tabbatar yana fitar da sauti da gangan ya kai kimanin 1,000, kuma lissafin ƙaruwa yake yi.

Wani zai ce, to Malam, ni da nake wuni a bakin dam, me ya hana ni jin wannan hayaniya? Fuskar ruwa ce ta hana ka. Sautin da ya taso daga ƙasa, idan ya iso inda ruwa ya haɗu da iska, kusan dukkansa komawa ciki yake yi, abin da ke tsallakowa bai taka kara ya karya ba. A cikin ruwan kuwa sauti ya fi samun hanya. A iska yana cin mita 340 a sakan ɗaya, a ruwa kuma kusan mita 1,500. Ku ɗauki tafkin Bakolori, wanda tsawonsa daga bangon dam zuwa inda ya tsaya ya kai kilomita 19. Da ƙara za ta iya ratsa shi daga wannan kai zuwa wancan, ta iska sai ta yi kusan minti guda a hanya, ta ruwa kuwa sakan 13 ya ishe ta.

An daɗe da sanin wannan. A shekarar 1826 wasu masana biyu, Colladon da Sturm, suka shirya gwaji da jirage biyu a tafkin Geneva na ƙasar Suwizalan, da tazarar fiye da kilomita 10 a tsakaninsu. A jirgi ɗaya aka buga ƙararrawa a cikin ruwa a daidai lokacin da aka kunna albarushi, Colladon yana can a ɗayan jirgin ya sa dogon ƙaho a ruwa ya kafa kunne, yana ƙirga tazarar da ke tsakanin ganin hasken da jin ƙararrawar. Lissafin da suka samu, mita 1,435 a sakan, bai yi nisa da na na'urorin yau ba. Can kuma a gabar gabashin ƙasar Malesiya akwai masuntan da sana'arsu sauraro ce. Mutum zai kama gefen jirgi ya nitsar da kansa, ya yi shiru, ya ɗago ya gaya wa abokan su irin kifin da ke ƙasa da inda za a zuba taru. Masuntanmu ma da ke dukan ruwa da filafili don su kora kifi cikin koma, ai da jin kifin suke aiki.

Duk da haka, ɗaya daga cikin fina-finan da suka fara buɗe wa duniya ido a kan cikin teku, sunansa yana nufin duniyar shiru. Bafaranshe Jacques Cousteau ne ya fitar da shi a 1956, ya ci babbar lambar yabo ta bikin fina-finai na Cannes, ya kuma ci Oscar. Ban ga laifinsa sosai ba. Mai ninƙaya da tukunyar iska a baya, abin da ya fi cika masa kunne shi ne numfashinsa da kumfar da yake fitarwa. Ga shi kunnen ɗan Adam don iska aka halicce shi. A cikin ruwa sauti ta ƙashin kai yake shiga, ya isa kunnuwan biyu kusan lokaci guda, mutum ya kasa gane ta ina ya fito.

Waɗanda suka san teku ba shiru yake ba tun kafin fim ɗin, sojojin ruwa ne. A Yaƙin Duniya na Biyu sun zuba na'urori suna sauraren jiragen abokan gaba masu tafiya a ƙarƙashin ruwa, sai wata hayaniya ta riƙa rufe musu komai, tas-tas-tas ba tsayawa, kamar ana toya ƙosai a mai mai zafi. Da aka bincika, ashe wani ƙaramin jatan lande ne da bai wuce yatsa ba. Yana da dantse ɗaya babba, idan ya datse shi da ƙarfi sai kumfa ta fito ta fashe, dubbansu kuma suna yi a lokaci guda. Bayan yaƙin, rundunar ruwan Amurka ta ɗauki nauyin binciken wata masaniyar halittu, Marie Poland Fish, don ta tantance wace ƙara ce ta wace dabba. Ta shafe shekaru tana naɗa, kuma a 1970 ita da abokin aikinta William Mowbray suka fitar da littafi mai bayanin sautin kifaye fiye da 150.

A wannan shekarar ta 1970 ne kuma aka yi abin da ya sauya tunanin mutane. Akwai wani injiniya, Frank Watlington, da ke yi wa sojojin ruwan Amurka aikin sauraro a tsibirin Bermuda. Tun a shekarun 1950 na'urarsa ke kamo wani dogon kuka mai hawa da sauka, ya riƙa adana shi. Kukan dabbar wel ne, irin mai doro. Dabba ce ta teku mai siffar kifi, amma iska take shaƙa, kuma tana shayar da 'ya'yanta nono, tsawonta yakan kai mita 15. Watlington ya ba masanin halittu Roger Payne faifan. Da Payne da abokin aikinsa Scott McVay suka zauna a kansa, sai suka gane kukan yana da tsari. Akwai gaɓoɓi da ke bin juna bi da bi, a yi minti 10 zuwa 20 ana tafiya, a kai ƙarshe, a sake ɗaukowa daga farko, wani lokaci a yi sa'o'i ana yi. Maza ne ke yin sa, kuma duk mazan yanki guda abu ɗaya suke rerawa, yana sauyawa sannu a hankali daga shekara zuwa shekara. A 1970 ɗin ne Payne ya fitar da shi a faifan garmaho, aka sayi fiye da kwafi 100,000. A 1977 aka sa wani yanki na kukan cikin faifan zinariyar da kumbon Voyager ya tafi da shi sararin samaniya. A Janairun 1979 mujallar National Geographic ta liƙa shi a cikin fitowarta, kwafi fiye da miliyan 10. Mutanen da ba su taɓa ganin teku ba suka ji muryar dabbar da ake karkashewa don mai da nama, gangami ya yi ƙarfi, har a 1982 hukumar duniya mai kula da farautar wel ta yanke shawarar dakatar da farautar kasuwanci, dokar ta fara aiki a 1986. Kada ku ɗauka abin na nesa ne ƙwarai. Irin wannan dabbar tana zuwa mashigin tekun Gini, daga gabar Gabon har zuwa ta Najeriya da Benin, a watannin da mu nan muke tsakiyar damina, don ta haihu a ruwa mai ɗumi.

[Gajeren kiɗa]

Masu sauraro, idan yanzu kuka kama mu, muna magana ne a kan yadda ake naɗar sautin ƙarƙashin ruwa. Yanzu bari mu shiga ɗakin masu shirya fim.

Da yawa cikinmu mun kalli fina-finan halittun teku a talabijin ko a waya, irin Blue Planet na BBC da ya fito a 2001, da kashi na biyu a 2017, da muryar dattijon nan David Attenborough. Kana kallo kifi ya wuce, ka ji fuuu, ya buɗe baki ya haɗiye wani, ka ji ƙwal. Sai ka ɗauka kyamarar ce ta kamo hoto da sauti tare. Galibi ba haka ake yi ba. Kyamarar tana cikin akwati ne da ke hana ruwa shiga, kuma makirufon da ke jikinta abin da ya fi ji shi ne motsin hannun mai ɗauka da numfashinsa. Sau da yawa kuma ana rage gudun hoton don ido ya ga abin da ya faru cikin ƙiftawa, hoton da aka rage wa gudu kuwa ba shi da sautin da zai dace da shi. Saboda haka hanya biyu ake bi. Mai naɗar sauti ya fita daban da kayansa, wani lokaci ma ba rana ɗaya da masu kyamara ba, ya kamo ainihin muryoyin wurin. Sauran ƙananan ƙararraki kuma, na motsin jela da na kumfa da na tauna, a situdiyo ake ƙirƙirar su. Mutum ne zai zauna gaban allo da bahon ruwa da tsumma da bututu, yana kallon hoton yana motsa hannu a ruwa daidai da motsin kifin. Mu ma'aikatan rediyo ba baƙon abu ba ne a wurinmu, haka muke yin ƙarar ƙofa da takun doki a wasan kwaikwayo.

Shin wannan yaudara ce? A ganina akwai iyaka. Idan an ƙara motsin ruwa don kada hoto ya zauna shiru, ban ga aibu ba. Amma idan aka ɗauko kukan wata dabba aka liƙa wa wata, ko aka ƙirƙiro murya aka ba kifin da ba shi da ita, an koya wa mai kallo ƙarya, kuma yaron da ya gani zai girma da ita. Akwai kuma gyaran da dole ne a yi. Wel mafi girma, shuɗin nan, wani sashe na kiransa kaurinsa ya wuce abin da kunnenmu ke iya ji, sai an ƙara wa faifan gudu kafin mu ji shi. Mai gaskiya yakan faɗa cewa ya yi hakan.

Na'urar da ake aikin da ita, makirufon ruwa, ba wani abin tsoro ba ce. Zuciyarta wani ɗan faifai ne na tangaran na musamman, wanda idan aka matsa shi yake fitar da 'yar wutar lantarki. Sauti a ruwa matsi ne da saki, matsi da saki, to faifan sai ya mayar da wannan ya zama lantarki, waya ta kai shi ga rikoda. Irin wannan faifan ne ke yin ƙara a agogon hannu mai ƙararrawa da wasu kayan wasan yara. Masu sha'awar abin a ƙasashe da dama da kansu suke haɗawa: su samo faifan, su yi masa sodar da doguwar waya, su lulluɓe shi da gam mai hana ruwa shiga. Mai gyaran rediyo ko waya a kasuwar Talata Mafara, idan aka nuna masa sau ɗaya, ba zai gagare shi ba. Makirufon da ya haɗa ba zai kai na kamfani tsabtar sauti ba, amma zai ji kukan ƙurungu.

To me za a saurara a nan gida? Dam ɗin Bakolori, wanda kamfanin Impresit na Italiya ya gina a kan gulbin Sakkwato aka kammala a 1978, ya tare ruwan da ya shafe kadada 8,000, kuma an gina shi ne ya ɗauki kubik mita miliyan 450 na ruwa. Dattawanmu sun san abin da ke kwance a ƙasansa: gonaki ne da ƙauyuka da itatuwan mutane. Sun kuma san abin da ya biyo baya, har zuwa ranar 28 ga Afrilun 1980, da 'yan sanda suka buɗe wuta a Birnin Tudu kan manoman da ke neman diyyarsu, aka rasa rayuka masu yawa. Allah ya ji ƙansu. Kututturan itatuwan nan da ruwa ya ci, da tsofaffin kwaruruka, su ne irin wuraren da kifi ke fakewa, kuma masunci ya san su ɗaya bayan ɗaya ba tare da taswira ba. Duk mai son naɗar wani abin kirki, daga bakin masunci zai fara.

Ga kuma dalilin da ya sa nake ganin wannan aikin ya fi dacewa da mu fiye da ɗaukar hoto. Ruwan da kuke gani a fina-finan teku garau yake, kyamara na hango nesa. Namu kuwa, musamman da damina idan gulbi ya kwaso laka, ka sa hannunka ma ba ka ganin yatsunka. Kyamarar miliyoyin naira ba abin da za ta ɗauko a ciki sai jan duhu. Makirufo bai damu da laka ba, bai damu da dare ba. Abin da ya sa ke nan masu binciken ayu a tafkin Ossa na ƙasar Kamaru suka koma ga sauraro. Ayu dabba ce mai ɓuya, sai a daɗe ba a gan ta ba, amma 'yar siririyar ƙarar da take yi tana shiga na'ura, da ita ake gane tana nan.

Wanda ya sa makirufo a ruwan daɗi irin namu, kifi ba shi ne farkon abin da zai ji ba. Ƙwari ne. Akwai wani ƙwaron ruwa a Turai da bai wuce milimita 2 ba, wanda binciken da aka wallafa a 2011 ya nuna ƙararsa ta kai desibel 99, har mai tsaye a bakin rafi yana iya jin ta. Danginsa suna cikin tafkuna a nahiyoyi da dama, har da tamu. Da rana tsaka kuma, inda ciyawar ruwa ta yi yawa, za ka ji wani ƙyas-ƙyas a jere. Ciyawar ce ke sakin ƙananan kumfa na iska idan rana ta buge ta. Sai kwaɗi da damina. Sai yayyafi idan ya sauka a fuskar ruwa, wanda daga ƙasa ƙararsa ta fi yadda muke jin ta a sama. Sannan namu na mutane: garken shanu sun shigo shan ruwa, mata na wanki a gaɓa, rugugin ruwa a ƙofofin dam idan an buɗe, da injin ban ruwa, wanda shi idan aka tayar da shi kusa da kai sai dai ka naɗe wayarka ka sake wuri.

Wannan hayaniyar injuna ba ƙaramar magana ba ce a wurin masana teku. A kashi na biyu na Blue Planet an nuna yadda ƙarar jirgi mai inji ke rufe kiran gargaɗin da ƙananan kifaye ke yi wa juna. An kuma gano kifi da kunne yake zaɓen gida. A wani gwaji da aka wallafa a 2019, masu bincike sun sa lasifika a kan matattun duwatsun murjani a gabar Ostireliya, suna kunna sautin wuri mai rai. Kifayen da suka zo suka zauna sun ninka na inda aka bari shiru. Ma'ana, ruwa mai lafiya yana da irin ƙararsa, wanda ya lalace ma yana da tasa. Idan ɗaliban kimiyya na makarantunmu suka riƙa naɗar wuri guda a tafkin nan, a wata guda, kowace shekara, bayan shekara 10 suna da hujjar da za a saurara a ji ko ruwan yana raye ko yana mutuwa. Yau idan masunci ya ce kifi ya ragu, sai a ce masa ai kullum haka kuke faɗa. Faifai ba a yi masa wannan amsar.

Ga mai son gwadawa, ga abin da masu sana'ar suka koya da wahala. Babban abokin gabarka wayar makirufon ce. Idan ta gogi gefen kwalekwale, ko iska ta kaɗa ta, ƙarar za ta bi ta har cikin rikoda ta rufe komai. Ka ɗaura mata ɗan dutse kusa da makirufon don ta miƙe, ka sa tsumma a inda ta ratsa gefen jirgi, kada kuma ka bar makirufon ya kwanta a laka. A ajiye filafili, kowa ya zauna, don ko ƙafa aka motsa a cikin jirgi sai ta fito. Ka rage ƙarar abin da ka saƙala a kunne kafin ka jefa makirufon, kada ka ji wa kanka ciwo. Kuma ka yi haƙuri. Minti 2 ba ya nuna komai, ka bar na'urar ta yi rabin sa'a. Kifaye da yawa sun fi yin magana da asuba da kuma bayan faɗuwar rana, sai dai kun san halin tsaro da muke ciki a wannan yanki. Kada wani ya ce ya ji a rediyo ya kama hanyar bakin ruwa da dare. A tsaya inda jama'a suke, a lokacin da masunta suka saba fita, a nemi izinin Sarkin Ruwa da na ma'aikatan dam, a sa rigar kariya daga nitsewa, wanda bai iya ruwa ba kuma ya tsaya a gaɓa ya ɗaura makirufon a doguwar gora ya miƙa.

Abu na ƙarshe, wanda aka fi mantawa da shi. Kafin ka jefa makirufon, ka faɗa da bakinka a cikin rikodar: yau ranar kaza ga wata kaza, ƙarfe kaza, a wuri kaza, zurfin kamu kaza, ruwa ya cika ko ya ja baya. Idan masuncin da ke tare da kai ya gane mai kukan, ka sa shi ya faɗi sunan kifin, da sunan da ake kiran wannan gurbin da shi. Faifan da ba a san inda aka ɗauke shi ba, bayan wata 6 ko kai mai shi ba za ka iya cewa na Bakolori ne ko na tafkin bayan gari ba.

Jama'a, agogo ya cim mana. Sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu, a daidai wannan lokaci. A huta lafiya.

[Kiɗan rufe shiri]